"Wake Me Up" ta Avicii da Aloe Blacc: yaya aka haɗa ta, kuma me ya sa aka yi mata ihu kafin ta karɓu?

Sabon_Hannu ya rubuta:

Assalamu alaikum manyanmu na wannan zaure. Tambayata a kan waƙar "Wake Me Up" ce, wadda Avicii ya fitar a 2013 da muryar Aloe Blacc. Abu uku ne suka ɗaure min kai.

Na farko, jita ce ta katako zalla take buɗe waƙar, kamar ta mawaƙan karkarar Amurka, sai can kiɗan na'ura ya sauko da ƙarfi, amma kunne ba ya jin an yi ɗori. Duk wanda ya taɓa ɗora jita a kan kik (bugun babbar ganga) da bes (sauti mai kauri na ƙasa) ya san yadda suke danne juna, jitar ta koma kamar ana kaɗa ta a cikin kwali. Yaya ake kauce wa wannan?

Na biyu, na karanta cewa ranar da aka fara gabatar da ita jama'a ba su so ta ba, har ihu aka yi. To me ya canza cikin wata uku har ta zama ta ɗaya a ƙasashe da yawa?

Na uku, me ya sa sunan Avicii kaɗai ke kan waƙar alhali wani ne ya rera ta daga farko har ƙarshe? Ina so a yi min bayani dalla-dalla, da lambobi inda ake buƙatar lambobi. Allah Ya saka da alheri.

Baba_Furodusa ya rubuta:

Wa alaikumus salam ƙanina. Bari in ɗauki yadda aka gina ta, don a nan amsar tambayarka ta farko ta faro, tun kafin a zo maganar miksin.

Mutum uku ne suka rubuta waƙar. Akwai Tim Bergling, wato Avicii, ɗan Suwidin, wanda a lokacin duniya ta san shi da "Levels" ta 2011. Akwai Mike Einziger, makaɗin jita na ƙungiyar Incubus, kuma a sitidiyonsa na gida a Malibu da ke Kalifoniya aka zauna. Sai Aloe Blacc, mawaƙin da ya yi suna da "I Need a Dollar" a 2010. Einziger da Avicii ne suka fara shimfiɗa jerin kod ɗin (kod shi ne sautuka da ake kaɗawa tare), Aloe Blacc ya zo da baitocin da ya riga ya fara rubutawa a wayarsa, ya ce a jirgi ya soma su yana dawowa daga Suwizalan. Aka zaɓi layukan da suka hau kan kod ɗin, aka ɗauki murya a kan jita.

Ka lura da wannan jeri da kyau: kod, sannan baiti da amshi, sannan murya, sai daga baya Avicii ya gina kiɗan na'ura a kewaye da su a FL Studio, manhajar nan dai da take cikin kwamfutocin yawancin masu kiɗanmu. Yawancin sababbin hannu akasin haka suke yi. Su cika bit, wato kiɗan da babu murya, da sint (sautin na'ura) goma, su kulle shi, sannan su kira mawaƙi ya nemi inda zai raɓa. Mawaƙin da ya tarar babu wuri dole ya yi ta ɗaga murya, makaɗin jita kuma ya zama ado kawai. A "Wake Me Up" idan ka kashe duk na'urorin, waƙa tana nan tsaye da ƙafarta, shi ya sa Aloe Blacc ya iya sake fitar da ita a wannan shekarar ba tare da kiɗan rawa ba, kuma ta zauna.

Abu na biyu shi ne rabon fili. Waƙar tana kan B maina, tana zagaye a kan Bm, G, D da A, gudunta 124 BPM, wato bugu 124 a minti. Wannan jerin kod ɗin bai canza ba tsakanin ɓangaren jita da ɓangaren na'ura, shi ne igiyar da ta ɗaure su. Sannan kik yana bugawa sau huɗu a kowace gaɓa a ƙarƙashin jitar tun a baiti, saboda haka ƙafar mai sauraro ta riga ta kama rawar tun kafin sint ya iso. Sai an wuce minti ɗaya sannan karin sint ɗin yake shigowa, kuma yana shigowa murya take yin shiru. Babu inda mawaƙi da babban sint suke magana lokaci guda. Murya tana da baiti da amshi, sint yana da dirof, wato inda kiɗan na'ura yake saukowa da ƙarfi, kowa da zagayensa. A ganina wannan ita ce dabara mafi girma a waƙar, kuma ba fulogin (ƙarin kayan aiki na manhaja) ba ce, shawara ce da aka yanke tun wajen tsara waƙa.

Idan za ka bi wannan hanya, ga tsarin zama. Ranar farko kada ka buɗe sint ko ɗaya. Ka kunna kilik (ƙarar da ke riƙe gudu) da kik kawai, makaɗi ya zagaya kod, mawaƙi ya gwada layuka, kai kuma kana ɗaukar komai ba ka tsayar da rikodin. A gwada waƙar a sauti biyu ko uku, sama da ƙasa, a tsaya inda amshi ya fi zama a maƙogwaron mawaƙi ba tare da ya shaƙe ba. Idan ka gina bit tukuna sannan aka gane ya yi wa mawaƙi sama, kik da bes duk sai an sake su, domin an daidaita su ne da tsohon sautin.

Injiniya_M ya rubuta:

Baba ya gama magana kan tsari. Ni zan shiga cikin miksa, Malam Sabon_Hannu, ka ɗauko biro. Lambobin da zan bayar na fara aiki ne ga duk waƙa mai irin wannan gini, daga nan kunne ke ƙarasawa.

Fara da lissafi. A 124 BPM, ka raba 60,000 da 124, bugu ɗaya yana cin milisakan 484. Rabinsa 242, rubu'insa 121. Gaɓa ɗaya mai bugu huɗu daƙiƙa 1.94 ce, gaɓa takwas kusan daƙiƙa 15 da rabi. Waɗannan lambobi su za ka sa a eko da sakin kwamfiresa (mai danne sauti idan ya yi ƙarfi), ba ƙiyasi ba.

Ɗaukar jita. Sababbin tsirkiyoyi, kuma a sake gyara saiti kafin kowane ɗauka, domin bugu mai ƙarfi irin wannan yana sassauta su cikin 'yan mintuna. Makirufo kwandensa, nisan santimita 20 zuwa 30, a saita shi wajen da wuyan jita ya haɗu da jikinta. Kada ya kalli ramin tsakiya. Ramin nan ne yake fitar da ƙugin 100 zuwa 250 Hz, kuma shi ne sautin kwalin da kake kuka da shi. Ƙarfin shiga kada ya haura -10 dB a bugu mafi ƙarfi. A ɗauka sau biyu daban-daban, ɗaya ya tafi hagu ɗaya dama, tsakiya ta zama ta kik, bes da murya. Kwafin ɗauka ɗaya ka jinkirta shi kaɗan ba ya maye gurbin wannan: a hedifon zai yi faɗi, amma da an haɗe sautin ya zama mono, kamar a sifikar waya, kwafin biyu za su cinye juna, jitar ta yi siriri.

Makaɗi ya yi bugu da kilik a kunne, da hedifon mai rufe kunne don kada kilik ɗin ya zubo cikin makirufo. Bayan ɗauka, kada ka ja kowane bugu ka ɗora shi a kan layin girid, wato layukan awon lokaci na manhaja. Ka daidaita bugun farko na kowace gaɓa da kik, sauran ka bar su yadda hannu ya yi su. Idan ka miƙar da duka, ran jitar ya fita, gara ma ka yi amfani da samfur. Idan kuma ka bar bugun farko ya kauce wa kik da milisakan 30 ko fiye, za a ji su kamar bugu biyu a jere.

Yanzu rabon sauti. Bes ɗin waɗannan kod ɗin yana zaune ƙasa sosai: B kusan 62 Hz, G 49 Hz, A 55 Hz, D 73 Hz. Kik ɗin irin wannan kiɗa ma nauyinsa yana tsakanin 50 da 60 Hz. Ita kuma jita tsirkiyarta mafi kauri 82 Hz ce. Ka ga abu uku a ƙofa ɗaya. Saboda haka:

A jita, yanke duk abin da ke ƙasa da 100 zuwa 120 Hz, sannan ka rage dB 2 ko 3 a wajen 250 Hz. Idan ka saurare ta ita kaɗai za ta yi maka kamar ta rame. Kada ka damu, a cikin taro ake auna ta. A murya, yanke ƙasa da 80 zuwa 100 Hz. A sint da fad (dogon sauti mai laushi na baya), ƙasa da 150 zuwa 200 Hz. Abin da ke ƙasa da 120 Hz duka ya zama mono, na kik da bes kaɗai.

Tsakanin kik da bes sai saidcen, wato duk sanda kik ya buga bes ya sunkuya ya ba shi hanya. A FL Studio: zaɓi layin kik a miksa, ka danna dama a kan kibiyar da ke ƙasan layin bes, ka zaɓi Sidechain to this track. Ka ɗora Fruity Limiter a layin bes, ka koma shafin COMP, ka sa lambar saidcen a 1. Rashiyo 4:1 ko sama, kamu da sauri ƙwarai, ka sauke tireshol har bes yana sunkuyawa dB 6 zuwa 10. Sakin ya zama bes ya gama dawowa a wajen milisakan 240, rabin bugu kenan. Idan sakin ya yi gajere za ka ji ƙaf-ƙaf a farkon kowane bugu, idan ya yi tsawo bes ba ya gama miƙewa kafin kik na gaba, dirof ya rasa nauyi. A jita ma ka yi saidcen amma dB 2 ko 3 kawai. Da ka wuce haka za a ji jitar tana numfashi, abin da jita ta gaske ba ta yi.

Murya da babban sint dukansu hasken su yana tsakanin 1 da 4 kHz. Wannan ne dalilin fasaha na abin da Baba ya faɗa: da an haɗa su, dole a rage wa ɗaya. Idan waƙarka ta tilasta su haɗu, sint ne zai sunkuya wa murya, da EQ (matatar sauti) mai motsi da ke rage dB 3 a wajen 2 zuwa 3 kHz duk sanda mawaƙi ya buɗe baki.

Matsalar da ta fi kashe irin wannan waƙa ita ce dirof ya zo ya fi amshi ƙanƙanta. Dalili: an cika amshi da jita biyu, muryoyi, tafi da fad, limita, mai hana ƙarfi wuce iyaka, ta riga ta cika, dirof ya iso babu sauran sama da zai hau. Maganinsa a ragi yake. A gaɓa huɗu zuwa takwas na ƙarshe kafin dirof, ka janye bes gaba ɗaya, ka riƙa ɗaga matatar da ke yanke ƙasa a hankali har wajen 300 Hz, ka rage ƙarfin gaba ɗaya da dB 1 ko 2, sannan ka bar bugu ɗaya ko rabinsa kusan shiru. Idan ƙasan ya dawo gaba ɗaya a bugun farko, kunne zai ji shi ninki biyu ko da mita ba ta nuna haka ba.

Wajen mastarin, wato gyaran ƙarshe kafin fitarwa, ka bar wa mai yi sarari, miks ɗinka ya tsaya wajen -6 dB. Spotify tana daidaita ƙarfin waƙoƙi a -14 LUFS (ma'aunin ƙarar da kunne ke ji), kuma tana ba da shawarar ƙololuwa kada ta wuce -1 dB, ko -2 idan masta ɗin ya fi -14 ƙarfi. Matse waƙa har -6 LUFS ba zai sa ta fi ta wasu ƙara a can ba, za a sauke ta ne kawai, ka yi asarar bambancin da ke tsakanin baiti da dirof. Kuma ka tuna sifikar waya ba ta fitar da 49 Hz ko kusa. Ka ɗora wa bes ɗan ƙuna ko layi na biyu a sama da shi domin a ji alamarsa a 150 zuwa 300 Hz.

DJ_Tsakar_Dare ya rubuta:

Tambaya ta biyu tawa ce. Abin ya faru a bikin kiɗan na'ura na Ultra da ke Mayami a watan Maris 2013. Avicii yana cikin manyan da aka zo gani, jama'a suna jiran irin "Levels". Can wajen ƙarshen lokacinsa sai aka hau da makaɗa na zahiri, da jita da banjo da ganguna, da mawaƙa irin su Aloe Blacc, Audra Mae, Dan Tyminski da dattijo Mac Davis, aka shiga gabatar da waƙoƙin sabon kundi da babu wanda ya taɓa ji. Wasu suka yi ihu, rawa ta tsaya, kuma da yake ana haska bikin kai tsaye a intanet, suka ta yi yawa a Twitter da sauran shafuka a daren. Avicii ya fitar da bayani daga baya yana kare abin da ya yi.

Baba, a gafarce ni, amma zan ƙara a kan maganarka. Kyawun gini kaɗai bai isa ya bayyana abin da ya faru ba, domin waƙar da aka yi wa ihu a Maris ita ce dai aka saya a Yuni. Wuri ne ya bambanta, da kunnen da ya saurara.

A filin biki mutane sun yi sa'o'i suna tsalle a kan kiɗa mai gudun 128, sifikun da ke gabansu an saita su ne don kik da bes da aka riga aka matse a sitidiyo. Ka tsayar da wannan, ka kawo kayan kiɗa na hannu waɗanda ƙarfinsu bai kai rabin na baya ba, kunne zai ji kamar wuta ce ta ɗauke. Ƙari a kan haka waƙoƙin baƙi ne, kuma a jere. Ƙa'idar da nake bi a matsayin DJ ita ce sabuwar waƙa ɗaya a tsakanin sanannu biyu, a shigo da ita a kan gudu ɗaya ba tare da kik ya tsaya ba.

A watan Afrilu ya sa haɗin waƙoƙinsa a SoundCloud, mutane suka ji yadda aikin sitidiyo yake, ra'ayi ya fara juyawa. Aka fitar da waƙar a hukumance ranar 17 ga Yuni 2013. A nan sai ta faɗa hannun wasu masu sauraro daban, wato na rediyo, kuma kunnensu a shirye yake. A watan Fabrairun wannan shekarar kundin "Babel" na Mumford & Sons ya ci kyautar Grammy ta kundin shekara, "Ho Hey" ta The Lumineers kuma ta riga ta mamaye rediyon Amurka. Jita ta katako da bugun ƙafa a ƙarƙashinta sauti ne da mutane suka saba da shi a lokacin. Avicii ya ba su abin da suka sani a minti na farko, sannan ya ja su zuwa abin da shi ya sani.

Sakamakon: a Birtaniya ta shiga ta ɗaya da kwafi kusan 267,000 a makon farko, ta yi mako uku a saman, ta haura kwafi miliyan ɗaya kafin shekara ta ƙare. A Amurka ta kai ta huɗu a jadawalin Billboard Hot 100. Ta zama ta ɗaya a ƙasashe fiye da ashirin, kuma ita ce waƙa ta farko da ta haura sauraro miliyan 200 a Spotify, a farkon 2014. Kundin "True" ya biyo baya a Satumba 2013.

Ban yarda da masu cewa ihun Ultra dabarar talla ce da aka shirya ba. Gaskiya ne ya sa kowa ya san akwai sabon abu tafe, amma surutu ba ya sayar da kwafi miliyan idan amshi bai kama ba. Abin ɗauka a aikace shi ne a yi siga biyu: ta rediyo da ke buɗewa da jita da murya, da doguwa ta DJ mai gaɓa 16 ko 32 na kik zalla a farko da ƙarshe, domin a iya saƙa ta cikin wata waƙar.

Sabon_Hannu ya rubuta:

Na gode ƙwarai, Allah Ya ƙara basira. Su sun zauna a ɗaki ɗaya. To idan mawaƙi yana wani gari, makaɗi yana wani, sai dai a tura fayil, me ya kamata a kiyaye? Kuma har yanzu ina jiran bayanin maganar suna.

Injiniya_M ya rubuta:

Kafin kowa ya danna rikodin, a yarda da abu uku a rubuce: gudu, sautin da waƙa take kai, da ma'aunin fayil, misali 124 BPM, B maina, WAV 24-bit a 44.1 kHz. A sa su ma a sunan kowane fayil. Idan fayil na 48 kHz ya buga a matsayin 44.1 ba tare da an juya shi ba, zai yi jinkiri da kusan kashi 8 cikin ɗari, sautinsa ya sauka kusan kashi uku cikin huɗu na cikakken mataki, sai a yi ta zargin mawaƙi da kauce wa kiɗa alhali laifin saiti ne.

Kai furodusa ka tura wa mawaƙi kiɗan jagora mai sauƙi, da gaɓa biyu na kilik a farko. Shi kuma ya dawo da kowane layi daban, kowanne ya fara daga daƙiƙar sifili ko da muryar sai a minti na biyu take shigowa. Haka za ka jera su duka a farkon gaɓa ta ɗaya su hau daidai. A FL Studio zaɓin Split mixer tracks wajen fitarwa yana yin wannan. Murya ta zo busasshiya, babu ribab babu eko babu Auto-Tune, idan yana so ka ji yadda yake hasashenta ya haɗo kwafi na biyu mai ado. Babbar murya ɗauka uku, amshi a ninka shi sau biyu aƙalla.

Kada a karɓi MP3. Ban da ingancin da ya zube, yana ƙara ɗan shiru na milisakan 25 ko fiye a farkon fayil, murya ta ja baya. A WhatsApp kuma sai dai a tura a matsayin takarda, ko a dunƙule a ZIP a sa a Google Drive. Ku yi lissafin data: WAV mai 24-bit a 44.1 kHz, sitiriyo, yana cin kusan MB 16 a minti, waƙar minti huɗu MB 64 kowane layi, layi talatin kusan GB 2. Murya da jita ɗaya-ɗaya mono ne, a fitar da su mono, nauyi ya ragu da rabi.

A wajen mawaƙi, bafa, wato saitin manhaja da ke ƙayyade jinkirin sauti, ta zama 128 lokacin ɗauka, jinkirinta kusan milisakan 3 ne. A 1024 ya kai 23, yana jin muryarsa a makare, sai ya riƙa ja baya ba da saninsa ba. Hedifon na Bluetooth kuwa kada a kusance shi wajen ɗauka, jinkirinsa yana haura milisakan 100.

Barista_H ta rubuta:

Ƙanina, maganar suna ita ce wadda ta fi damuna a duk wannan zance, domin a nan ake ɓata zumunci.

Kowace waƙa tana da haƙƙi iri biyu. Akwai haƙƙin rubutu, wato kalmomi da kari, akwai kuma haƙƙin faifan da aka ɗauka. A "Wake Me Up" Aloe Blacc yana cikin marubuta uku, saboda haka yana da kasonsa a haƙƙi na farko. Amma faifan ya fita ne da sunan Avicii kaɗai, ba a rubuta sunan mawaƙi a gaban waƙar ba, kuma haka aka yi wa sauran mawaƙan kundin "True". Miliyoyin mutane sun haddace muryar ba su san mai ita ba. Sigar da Aloe Blacc ya fitar da sunansa daga baya a 2013, wadda bidiyonta ya yi magana kan halin baƙin haure a Amurka, sabon faifai ce a kan rubutu ɗaya. Ka ga amfanin bambance haƙƙoƙin biyu.

Sai kuɗi. A watan Nuwamba 2014 Aloe Blacc ya yi rubutu a mujallar Wired, ya bayyana cewa an saurari waƙar fiye da sau miliyan 168 a Pandora, kafar sauraron waƙa ta intanet, a cikin Amurka, abin da ya zo wa ɓangaren marubuta dala 12,359 ne, aka raba tsakanin marubuta uku da kamfanonin da ke kula da haƙƙinsu, nasa kason bai kai dala 4,000 ba. Idan ka raba, kusan dala 74 kenan a kan kowane sauraro miliyan ɗaya. Wannan kason rubutu ne a kafa ɗaya, ba duk abin da waƙar ta samar ba, amma ya nuna cewa mawaƙin da bai nemi kaso a faifai ba, bai kuma nemi sunansa a gaba ba, ya bar babban rabo a baya.

Don haka a cike takardar rabo a ranar da aka rubuta waƙa, kafin kowa ya san ko za ta karɓu. A ciki: sunan waƙa da kwanan wata, cikakken sunan kowa na shari'a da na fage, abin da ya yi, kasonsa a rubutu, jimilla ta cika ɗari daidai, ƙungiyar karɓar haƙƙi da yake ciki da lambarsa ta IPI (lambar shaidar marubucin waƙa) idan yana da ita, sai sa hannu. A Najeriya ƙungiyar MCSN ce, a Nijar BNDA. A dokar Amurka idan babu yarjejeniya, waɗanda suka rubuta tare kasonsu daidai yake ko da wani layi biyu ya kawo. Dokar haƙƙin mallaka ta Najeriya ta 2022 kuma ta ce miƙa haƙƙi ga wani sai a rubuce, alkawarin baki ba ya wadatarwa.

Takarda ta biyu ta faifai ce: wa ya mallake shi, kaso nawa mawaƙi da makaɗi za su samu, ko kuwa an biya makaɗi kuɗin zama ne an sallame shi, wa zai ɗora waƙar, kuma a wane asusu kuɗi za su shiga. A rubuta yadda suna zai fito harafi da harafi. Idan an sa mutum a matsayin babban mai waƙa, tana shiga jerin waƙoƙinsa a shafinsa na Spotify, idan baƙo ne aka gayyato matsayinsa daban ne, idan ba a sa shi ba sam ba za ta bayyana a shafinsa ba. A kuma amince tun farko ko mawaƙi yana da damar fitar da tasa sigar, da bayan wata nawa.

Kowace siga tana buƙatar lambar ISRC (lambar shaidar faifai) tata: ta rediyo daban, doguwa daban, ta jita zalla daban. Mutum ɗaya ne zai ɗora. Idan biyu suka ɗora faifai ɗaya ta kamfanonin rarrabawa daban-daban, ana samun karo, a raba adadin sauraro ko a sauke waƙar. A miƙa ta ga mai rarrabawa mako uku zuwa huɗu kafin ranar fita, domin Spotify for Artists tana son a gabatar da waƙa ga editocinta aƙalla kwana bakwai kafin ranar.

Baba_Furodusa ya rubuta:

Barista ta faɗi gaskiya, DJ ma na karɓi gyaranka. Ƙari ɗaya ga wanda zai sa gurmi ko garaya a gurbin jita. Jita an saita ta a kan 440 Hz kamar sint, shi ya sa suke haɗuwa ba gardama. Gurmi kuwa makaɗi da kunnensa yake ɗaure tsirkiya, kuma zafin ɗaki yana motsa fatar. Ka fara ɗaukar makaɗin, ka buɗe ma'aunin saitin sauti ka auna sautin da yake komawa kai a ƙarshen kowane zagaye. Idan ka tarar, misali, ya fi B sauka da santi 30 (santi ɗari ne rabin mataki), sai ka sauke saitin sint, bes da kik da santi 30 ɗin su same shi. Kada ka ja gurmin da Auto-Tune zuwa wajen na'ura, domin zai miƙar da lanƙwasar da ke tsakanin sautuka, kuma ita ce ake nema. A ɗauki duk abin da ake buƙata daga gare shi a zama ɗaya, tunda gobe saitin ba zai dawo daidai inda yake yau ba, sannan mawaƙi ya ɗora murya a kan sabon saitin, ba a kan tsohon kiɗan jagora ba.